Ƙirjin Aro

Zuwa ga Tsoho,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa irin ta jika da kakansa, rabi ladabi rabi neman magana, ina fata kana lafiya, kai da gwiwar nan taka da ke riga kowa sanin za a yi ruwa. Ka gaishe mini da matata da na bar maka ajiya, ka ce mata kada ta saba da kai, ina nan dawowa. 'Yan biyun Yaya kuma ka ja mini kunnen kowannensu.

Da na kira ka a waya, to amma ka san kunnenka, sai in yi ta ihu har maƙwabta su riga ka jin labarin. Ga shi kuma a kamfanin nan tun daga bakin ƙofa ake karɓe wayoyi, wai kada a sace musu zanen riga. Shi ya sa na ba direban motar yadi wannan takarda, tunda ta gaban shagonka yake bi.

Aikina dai yana nan, ɗaukar bandir daga sito zuwa teburin yanka, kafaɗa har ta yi kanta. Amma yanzu nakan leƙa ɗakin Yaya, kuma Tsoho, gyara zama ka ji: sana'arka ta shige akwati. Babu alli, babu kwali, babu almakashin nan naka da ba ka bari a taɓa. Yaya tana zaune gaban kwamfuta a wani ɗaki mai bangon gilashi, sanyi kamar cikin randa, hannunta a kan wani abu mai kama da guntun sabulu. Da shi take zana gaban riga da bayanta da hannu da wuya a cikin wata manhaja. In ta ja ɗigo ɗaya hammata ta buɗe, in ta mayar ta tsuke. Riga ɗaya tak take zanawa, ta mai matsakaicin jiki, sai kwamfutar ta haifo mata ƙanne da yayye, daga ta siriri har ta mai tumbi. Sannan ta jera gutsattsarin a kan hoton yadi, su matsu da juna kamar fasinjojin motar kasuwa, ko ƙyallen share hanci ba ya saura. Daga nan a aika wa injin yanka da ke ƙasa, shi kuma ya bi yadin da aka shimfiɗa hawa-hawa, kauri kamar katifa, ya yanke shi a tafiya ɗaya. Kai da kake yini kan riga guda kana mita, ka ji.

To ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. An samu babban aiki, rigunan ma'aikata na wani kamfani, direbobi da masu gadi da masu dako, mutane ba iyaka. Mai sayen ya ce ba ya son a yi awo da mutum-mutumin robar da ke tsaye a lungu, jikin mai rai yake so. Sai Manaja ya jera mu mazan wurin kamar masu jiran allura. Wannan ya yi tsawo, wancan ya yi tumbi. Da ya zo kaina ya ce, "Yauwa, ga shi. Ba dogo ba gajere, ba ƙiba ba rama." Karon farko ke nan da rashin zama komai ya yi mini rana.

Ban taɓa ba ka labarin Manaja ba. In yana tafiya sai ka rantse zakara aka sa wa takalmi: ƙirji a gaba, ciki a shanye, kafaɗu a sama kamar an rataye shi, haɓa tana nuna rufi. Duk kamfanin babu wanda ya kai ni iya tafiyarsa, kullum da ita nake biyan kuɗin shayina.

Akwai wani ɗan ɗaki kamar na wanka, da labule. Ka shiga daga kai sai gajeren wando, ka tsaya kan tambarin sawu, fitilu su zagaye ka, sai ga ka a allon Yaya, mutum mai launin toka babu fuska. Ina shiga na hango idon abokina Dogo mai guga ta gefen labule. Tsoho, ka san ni, in na ga ido ɗaya yana jiran dariya ba na iya ba shi kunya. Na ja numfashi, na turo ƙirji, na shanye ciki, na ɗage kafaɗu, na zama Manaja sak. Fitilu suka gama zagayensu. Dogo ya cusa hula a baki, har da hawaye.

Da na fito, Manaja ya dubi allon ya gyaɗa kai ya ce, "Madalla, yaron yana da jiki." Ai dole ya yaba, kansa ya gani.

Ka huta lafiya, ka rage faɗa da masu kawo gyaran wando.

Jikanka da ya fi ka kyau,
Auta

*

Zuwa ga jikana Auta,

Wa alaikumus salamu wa rahmatullah. Bayan gaisuwa da addu'ar shiriya wadda ban gaji da yi maka ba, ina sanar da kai cewa takardarka ta iso hannuna. Rubutunka yana nan yadda na san shi, kamar kaza ta bi ta cikin tawada. Kakarka ta ji saƙonka, ta ce in faɗa maka mijin da ko sabulu ba ya aikowa ba a zaman jiransa. Yara suna lafiya, ban ja kunnen kowa ba, naka nake tanadi.

Bayan haka, na karanta bayanin na'urarku har na maimaita. Ba ni da ƙyashi a kanta. In dai za ta hutar da idon yayarka da bayanta, Allah ya sa mata albarka. Ni na yi zamanina da alli, kuma ban ce kowa ya tsaya inda na tsaya ba.

Abu ɗaya ne ya hana ni dariyar da kake so in yi. A shagona, wanda ya zo awo yakan ja ciki don kunya, sai in ɗauke shi da hira har ya manta ya saki jiki, sannan in zagaya tef. Ban sani ba ko ɗan ɗakin naku ya iya hira. Amma ina zaton masu ilmin abin suna da hanyar da suke sake dubawa, don haka ba zan tsawaita ba.

Ina dai tuna maka, ja'iri, da bakin yayarka aka ɗauke ka aiki. Ta daɗe a kan keken ɗinki tana haɗa hannun riga kafin a ɗora ta kan kujerar nan, kuma tun rasuwar mijinta da kujerar yaran nan suke ci suke zuwa makaranta. Ka yi wasanka a wurin shayi, kada ka kai shi ɗakinta.

Allah ya tsare, ya yi maka albarka.

Kakanka

*

Zuwa ga Tsoho,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina gaida kowa. Yau ba ni da tsiyar da zan yi maka, ka ajiye bashi.

Tsoho, na shiga uku, kuma da ƙafata na shiga.

An ɗinko rigar gwaji ta farko daga zanen Yaya. Aka kira ni ɗakin gilashi. Ga Manaja, ga shugabar masu ɗinki, ga Yaya da fil a baki. Wallahi na ma manta da zancen labule, na ɗauka abin ya wuce kamar sauran shirmena. Na sa riga na tsaya yadda Allah ya yi ni. Sai kafaɗar rigar ta zubo ta wuce tawa, ƙirjin ya yi lakaf kamar buhun da aka juye, maɓallin ciki kuwa yana neman tsinkewa.

Manaja bai ko dube ni ba. A hankali ya juya wajen Yaya ya ce, "Malama, me nake gani haka?"

Ka san Yaya ba ta da tsoro, ita ce ke kashe mana kunama muna yara. Amma na ga fil ɗin bakinta yana rawa. Ban san lokacin da na ja numfashi ba. Ƙirji ya fito, ciki ya shige, kafaɗu suka hau, riga ta kwanta a jikina kamar a ciki aka haife ni. Manaja ya yi ajiyar zuciya ya ce, "Kai, ka tsaya daidai mana tun farko, kana neman tsinka wa mutane zuciya." Shugabar masu ɗinki har da tafi. Aka ɗauki hotona gaba da baya aka tura wa mai saye, shi kuma ya aiko cewa ya amince.

Yanzu an ɗauke ni daga dako, wai an yi mini ƙarin girma. Ni ne ma'auni. Duk abin da Yaya ta zana, mai gajeren hannu, mai dogon hannu, ta sanyi, a jikina ake gwadawa. Daga safe har tashi ina cikin ɗakin gilashi, tagar ofishin Manaja tana kallona. Ko ba a gwaji ba ni da damar sakin jiki, don in ya ɗago ya ga ƙirjin ya tafi yawo, tambaya za ta biyo. An ce wa mai abinci ta riƙa lura da kwanona, kada in ƙaru kada in ragu. Dariya ma ta gagare ni, don da na fara ƙirjin ke faɗuwa. Dogo ya gane haka, sai ya zo jikin gilashi ya yi ta murguɗa mini baki, ni kuwa ina tsaye ina kallon rufi kamar mai gadin banki. Ni, Auta! Bayana ciwo yake kamar an saka mini muciya a riga. Sallah ce kaɗai inda yake samun lanƙwasawa, ban taɓa son doguwar sujada ba sai yanzu.

A makarantar allo in na ɓata rubutu, Malam ya zuba mini biyu, in je in wanke allon in sake, shi ke nan magana ta ƙare. Wannan allon na Yaya ba ya wankuwa. Mutumin tokan nan yana nan a ciki ya turo ƙirji, kuma duk rigunan, manya da ƙanana, 'ya'yansa ne. Kowacce za ta fito da faffaɗan ƙirji da matsattsen ciki. Ina kallon masu dakonmu, babu mai irin wannan jikin ko ɗaya.

Yadin aikin bai iso ba tukuna, ana jiransa. Ranar da ya iso za a shimfiɗa a yanka, kuma ka fi ni sanin abin da aka yanka ba ya komawa. In na yi shiru, an cuci masu sa riga. In na yi magana, sunan Yaya ne a ƙarƙashin awon, ita ta sa hannu. Ni korata ba komai ba ce, na saba. Ita fa?

Don girman Allah kada ka faɗa mata. Tana ta murna aikinta na farko mai girma ya samu karɓuwa, ba na son in zama ni na ɓata mata. Ka dai ba ni shawara, ko da zagi ne a ciki.

Ka huta lafiya.

Auta

*

Zuwa ga Kaka,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka da ladabi, ina gaida kakarmu Inna da yara, da fatan kuna cikin ƙoshin lafiya. Maganin gwiwarka yana wurin direba. Ka yi haƙuri da gajeren rubutu, a lokacin hutun rana nake yi.

Kaka, akwai abin da ya tsaya mini a rai, kuma ba ni da wanda zan faɗa wa sai kai. Awon da na gina aikin nan a kansa ba jikin Auta ba ne. Ya yi shirmensa a ɗakin awo. Na gane ranar gwaji, lokacin da na ga ya ja numfashi riga ta zauna. Ni na yi masa wanka yana jariri, na san tsayuwarsa.

Laifin ba nasa kaɗai ba ne. Ƙa'idar aikinmu ita ce bayan na'ura ta auna, a sake bi da tef a tabbatar. Ban yi ba. Ka san shi da jin cakulkuli, tef yana taɓa hammatarsa zai fara tsalle yana ihu, kuma ban so ya kunyata mu gaban Manaja. Da na ga lambar ƙirjin ta fi yadda nake zato, sai na ce a raina dakon bandir ne ya buɗa shi, ƙanena ya zama namiji. Har daɗi na ji. Da wani ne daban, wallahi da na auna.

Yanzu gyara ya fi ƙarfina. Da zarar mai saye ya amince, ana kulle zanen a cikin manhajar, ba ya buɗuwa sai da izinin Manaja, kuma duk ɗigon da aka matsar sai ta rubuta wanda ya matsar da shi. Na zauna na duba ta kowace hanya, babu ƙofa. In na je na faɗa, za a tambayi dalilin da ya sa ban bi da tef ba, sannan a tambayi wanda ya kawo yaron. Amsar duka biyun ni ce. Shi kuma za a kore shi da sunan mai ɓarna, babu kamfanin da zai sake ɗaukarsa.

Yana tsaye a bayana yini guda ya ƙame kamar an shanya shi. Ina jin yadda yake satar numfashi. Shi da ba ya iya rufe baki, yanzu sai a yini bai ce uffan ba. Yana zaton ban sani ba, yana yi ne don ya rufa mini asiri, ni kuma na kasa juyawa in dube shi.

Ina roƙonka kada ka nuna masa na sani. In ya ji, zai tafi wurin Manaja ya ɗora wa kansa komai, na san halinsa. Ka sa mu a addu'a.

Ka huta lafiya, Allah ya ƙara maka lafiya da nisan kwana.

Jikarka

*

Zuwa ga Auta,

Wa alaikumus salam. Bayan gaisuwa, takardarka ta iso, ta yayarka ma ta iso, a mota ɗaya, a aljihun direba ɗaya. Kowannenku ya ɗora mini kaya ya ce kada ɗayan ya gani. Ni tsoho ne, gwiwata ba ta ɗaukar kaya biyu, don haka na sauke.

Ta sani. Tun ranar gwajin ta sani. Kana tsaye a bayanta kana wahala don kada ta ji, tana zaune a gabanka tana wahala don kada ka ji ta ji. Tun da iyayenku suka rasu suka bar mini ku ban ga wauta mai ban tausayi irin wannan ba. Na rubuta mata ita ma na ce na faɗa maka, in za ta yi fushi ta yi da ni.

Zagin da ka nema ba zan yi ba, bayanka ya riga ya yi mini. Shawara kuwa ita ce ku zauna ku biyu ku yi magana kamar 'yan uwa, sannan a sanar da mai wurin tun yadi bai sha wuƙa ba. Mutanen da za su sa rigunan nan sunkuyawa suke su ɗauki kaya, suna da haƙƙi a kanku ko ba su san sunanku ba. Ina kyautata zaton shugaban da aka kawo wa gaskiya kafin ɓarna zai sassauta. In kuma bai sassauta ba, gidan nan bai yi muku kaɗan ba.

Kakarka ta ce ka riƙa shafa man zafi a bayan.

Allah ya kawo mafita.

Kakanka

*

Zuwa ga Tsoho,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa. Ashe haka kake, ba a ba ka ajiya? To na gode.

Ranar da takardunka suka iso, da aka fita cin abinci Yaya ta ce in biyo ta. Muka shiga sito, can bayan bandir inda ba kowa. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "Saki cikin, ɗan banza." Na saki. Tsoho, har wani jiri na ji don daɗi. Ta ciro tef daga wuyanta ta tsula mini a kafaɗa, ta sake tsula mini, tana cewa, "Manaja ko? Manaja ko?" Na ce, "Yaya, a hankali, kayan kamfani ne." Sai ta fashe da dariya, ni ma na fashe, muka yi ta yi har ta zauna kan bandir, daga nan dariyar tata ta juye ta zama wani abu. Na tsaya ina kallon ƙasa.

Na ce zan je wurin Manaja. Ta ce in na je ba ita ba ni. Na ce to. Da ta shiga masallacin mata na wuce ofishinsa, don na ga motar yadin aikin tana shigowa da baya ta ƙofar sito.

Na yi sallama na ce, "Yallaɓai, awon nan da aka yi, ba jikina ba ne. Wasa na yi a ɗakin awo. Yayata ba ta da hannu."

Ya tashi ya rufe ƙofa, ya saki labulen taga. Ya ce, "Saki in gani."

Na saki.

Ya zagaya ni kamar mai taya rago. Ya ce, "Wa kake kwaikwaya?"

Na sunkuyar da kai.

"Tambayarka nake."

Na ce, "Kai ne, yallaɓai."

Na rufe ido ina jiran mari. Sai na ji kujera ta yi ƙara. Da na buɗe, ya zauna ya ɓalle maɓallin kwat ɗinsa. Tsoho, sai ga tumbi ya gangaro, kafaɗun nan suka sauko, wuya ya shige. Ya koma wani bawan Allah mai kama da kowa, irin wanda za ka gani a layin asibiti. Na rasa inda zan sa idona.

Ya ce, "Zauna." Na zauna. Ya ce mai saye ya riga ya amince da abin da ya gani, kuma akwai wani kamfanin da ke tsaye yana jiran mu yi tuntuɓe ya ɗauke aikin. In ya buɗe zanen yau, sai an sake awo, an sake gwaji, an sake neman amincewa, lokaci ya ƙure, aikin ya tafi. In ya tafi, matan da ke kan kekuna a ƙasa rabinsu gida za su koma. Sannan mai kamfani zai tambayi sunan da ke ƙarƙashin awon, kuma ba sunana zai gani ba, don ni ko sa hannu ba a ba ni na yi ba.

Na ce, "To masu sa rigar fa, yallaɓai? Za ta matse su a ciki."

Ya ce, "Za su bar maɓallin ƙasa a buɗe, kamar kowa."

Na ce, "Amma..."

Ya ɗaga hannu. Ya ce, "Yau ban ji komai ba, kai ma ba ka faɗi komai ba. Wakilin mai saye zai riƙa zuwa duk lokacin da aka gama kashi ɗaya, kuma a jikin da ya gani a hoto yake son ganin rigar. Muddin kana tsaye yadda ka tsaya, yayarka tana kan kujerarta. Ranar da ka saki, ko ka gudu, ni ma ba zan iya tare mata ba. Ka iya kwaikwayona, ko? To ka ci gaba."

Na tashi zan fita ya kira ni. Ya ce, "Ka daina cika ƙirjin da iska ta sama, shi ke sa maka jiri. Ka riƙa ja ta gefen haƙarƙari kaɗan-kaɗan. Ana sabawa." Sannan ya miƙe ya ɓalla maɓallinsa, ya turo ƙirji, ya ɗage labule. Muka fito tare, shi a gaba ni a baya, tafiyarmu iri ɗaya. Dogo yana bakin ɗakin guga, ya gan mu, bai yi dariya ba.

Na faɗa wa Yaya yadda muka yi. Ba ta yi faɗa ba. Ta ce in koma gida abina, ita za ta san yadda za ta yi, wai ba za ta ci abinci da bayana ba. Na ce mata ta bari in yi tunani.

Ka ce in aka kai gaskiya za a sassauta. Na kai, Tsoho. An karɓa an sa a aljihu.

Ka huta lafiya.

Auta

*

Zuwa ga Auta,

Wa alaikumus salam. Bayan gaisuwa, na karanta, kuma zatona bai zama daidai ba. Na ba ka shawara irin ta mai shago ɗaya da keke ɗaya, ka yafe mini.

Yanzu ba shawara nake ba ka ba, roƙo nake. Ka tattaro kayanka ka biyo direba. Yayarka ma ta rubuto ta ce in sa baki ka dawo, ta ce ko kan keke aka mayar da ita, ko waje aka nuna mata, za ta ɗauka. Akwai wuri a shago, za mu ci abin da Allah ya hore. Tun da ka tafi babu wanda ya ɓoye mini tabarau, gidan ya yi shiru da yawa.

Allah ya yi maka albarka.

Kakanka

*

Zuwa ga Tsoho,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina gaida matata da 'yan biyu.

An shimfiɗa yadi, inji ya fara yanka tun safe, ina jin ƙararsa ta ƙarƙashin ƙafata. Yaya tana kan kujerarta, an ba ta zanen wando. Kada ka gyara mini wuri a shago, ba yanzu ba. Ita ce ta tsaya mini aka ɗauke ni, tsayuwa kuma ai na iya.

Ka huta lafiya, ka sa ni a addu'a. Ga shugabar masu ɗinki can tafe da wata rigar a hannu, bari in ja numfashi.

Jikanka,
Auta